Na tarar da Jummai a ƙasar Girka

Kwanana uku da sauka a Atina zafin rana ya sa min ciwon kai, na fita neman kemis. A watan Yulin 2024 ne, wajen aikinmu suka tura ni wani kwas na sati uku, kuma duk wanda ya ce muku Turai sanyi ce zalla to bai je Girka a Yuli ba, rana ce irin ta Afrilu a Sakkwato, har hukuma kan rufe Akropolis, tsoffin gine-ginen tarihi da ke kan tudu a tsakiyar birnin, da tsakar rana don kar 'yan yawon buɗe ido su riƙa zubewa. Na tarar da kemis ɗin a kulle sun tafi hutun rana, sai na tsaya a inuwar rumfarsu ina kallon takardar lokutan aiki da suka manna a gilashi. Baƙaƙen Girkanci daban ne, ban iya karanta su ba a lokacin, amma akwai kalma ɗaya da idona ya riga ya haddace saboda kullum safe da yamma ina ganinta a allon tashar jirgin ƙarƙashin ƙasa, wato Παρασκευή, ana karanta ta Paraskevi. Sunan unguwar da na sauka ke nan, Ayiya Paraskevi, tana arewa maso gabashin birnin a gindin dutsen Imittos, a kan layi mai shuɗin fenti da ke tasowa daga filin jirgi. To me ya kawo sunan unguwa cikin jerin ranakun aiki, a layi na biyar, ga lokacin buɗewa da na rufewa a gabansa?

Da wannan tambayar na koma gida. Ɗaki na kama a gidan wata tsohuwa, ita tana ƙasa ni ina saman bene, ga bishiyar lemun tsami a tsakar gida da tukwanen ɗoɗɗoya jere a bakin taga. Kowa a layin Kiriya Vula yake ce mata, kiriya ɗin kamar yadda mu za mu ce Hajiya ko Malama ne. Ba ta jin Turanci ko kaɗan, jikarta da ke hutun jami'a ita ce tafintarmu. Ranar farko na ji yarinyar tana ta kiran yaya, yaya, na yi mamaki ƙwarai don tsakaninsu ya kai shekara sittin, ashe a bakinsu yaya kaka ce.

Da na nuna musu hoton takardar a waya yarinyar ta yi murmushi ta ce ai Juma'a ce. Paraskevi sunan ranar Juma'a ne a Girkanci. Ta faɗa wa kakar abin da na tambaya, tsohuwa ta ajiye wuƙar da take yanka tumatir ta dafa ƙirjinta ta ce “ego, Paraskevi”, wai ni ce Paraskevi, sannan ta nuna jikar ta sake faɗin sunan. Vula ɗin gutsure shi aka yi, daga Paraskevula, irin yadda muke mayar da Hadiza Dije ko A'isha Indo. Ita kuma jikar Evi ake ce mata, wasu Vivi suke zama, duk dai daga suna ɗaya.

Wallahi sai da tsigar jikina ta tashi. Mahaifiyata ranar Juma'a aka haife ta, kuma sunan ranar shi ne ya bi ta har ya danne na yanka. Ni a bakina ban taɓa furta shi ba tun tasowata, duk mai sunan in na haɗu da ita sai dai in ce mai sunan Inna, yanzu ma don rubutu ne ya sa na iya sa shi a kan wannan labarin. Na ce wa yarinyar ki gaya wa kakarki a ƙasarmu ma akwai mata masu sunan Juma'a, kuma uwata tana cikinsu. Tsohuwa ta tafa hannu ta jawo min kujera, daga ranar ban ƙara zama baƙo a gidan ba, “pedi mu” take ce min, wato ɗana, ni kuma ina ce mata Mama.

A teburin nan muka ƙirga ranakun mako da yatsu, ita da nata ni da nawa, kuma abin ya ba mu mamaki mu duka. Litinin a wajensu Deftera ce, ma'anarta ta biyu. Talata Triti, ta uku. Laraba Tetarti, ta huɗu. Alhamis Pemti, ta biyar. Duk wanda ya yi ko da ɗan karatun Larabci ya san namu ma haka suke, isnaini, salasa, arba'a, hamsa, lissafin bai kauce ko da rana ɗaya ba. Asabar su ce Savato, tushe ɗaya da Sabat na Yahudawa da Sabtu na Larabawa. Lahadi ce kawai muka rabu, mu muna ce mata ta ɗaya su suna ce mata Kiriyaki, ranar Ubangiji, kuma shi ma suna ne na mata, ga Ladi ke nan, namijinsa Kiriyakos wanda shi ne sunan firaministansu Mitsotakis. Da aka zo Juma'a kuwa, mu da su duk mun ajiye ƙirga mun ba ta suna nata na kanta. Tamu daga taruwa ta samo asali, tasu daga shiri.

Ma'anar kalmar ke nan, shiri ko tanadi. Yahudawan da ke magana da Girkanci a zamanin da su suka riƙa kiran ranar haka, domin ranar Asabar ba sa aiki, ba sa hura wuta ba sa girki, dole komai a gama shi tun Juma'a kafin rana ta faɗi. Linjila da Girkanci aka rubuta ta, kalmar ta shiga ciki a wajen ba da labarin ranar da Kiristoci suka yi imani an gicciye Annabi Isa, daga nan ta zauna a harshen har yau. Da Hausa babu kalmar da ta fi dacewa da ita kamar jajibere, jajiberen Asabar. Kuma ba ta daina aikinta na asali ba, yarinyar ta ɗauko ledar taliya daga kanta ta nuna min bayanta, wajen da aka rubuta yadda ake dafawa, ga kalmar nan zaune.

Yadda sunan rana ya koma sunan mace kuma, wannan labarin wata waliyyiyarsu ne, ayiya ma'anarta mai tsarki. Yadda cocinsu na Otodoks ke ba da shi, an haife ta a Rum a ƙarni na biyu bayan haihuwar Annabi Isa, iyayenta Kiristoci ne masu suna Agaton da Politiya, sun daɗe ba su samu haihuwa ba, da aka same ta ranar Juma'a sai suka sa mata sunan ranar, daidai yadda aka yi wa Inna. Bayan rasuwar iyayen ta rabar da dukiyar gado ga talakawa ta shiga yawon wa'azi, a lokacin da daular Rum ke hukunta masu wannan addinin. Aka kama ta zamanin sarki Antoninus Pius, wanda ya yi mulki daga 138 zuwa 161, aka jefa ta a tukunyar tafasasshen mai da kwalta ba ta ƙone ba, sarki ya ce ƙarya ne man bai yi zafi ba a watsa masa ya ji, ta watsa masa a fuska ya makance, ya roƙe ta, ta yi masa addu'a idonsa ya buɗe ya sake ta. Daga baya a zamanin wani sarkin aka fille mata kai. Saboda wannan labarin ne Girkawa suka ɗauke ta a matsayin mai kula da idanu, a zanenta za ka gan ta riƙe da ɗan faranti da ƙwayar ido biyu a ciki. Ni Musulmi ne, aƙidata daban, amma yadda tsohuwar nan ke ba da labarin tana nuna idonta na hagu da aka yi wa aikin yana, na san ba tatsuniya take ɗaukarsa ba, kuma na saurare ta da ladabin da zan so a saurari Inna da shi.

Na tambaye ta ko ita ma ranar Juma'a aka haife ta. Ta ɗaga gira sama tare da ɗan tsaki, wanda a wajensu shi ne a'a. Ba ta ma san ranar ba. Sunan kakarta ne aka ba ta, kakar ma ta gada daga tata kakar. Nan ne hanyarmu da tasu ta rabu, kuma shi ne abin da ya fi tsaya min a rai a duk tafiyar. Al'adar Girkawa ita ce 'ya'ya su ci sunan kakanni, yawanci a fara da iyayen miji sannan na mata, ko da yake wasu tsibirai suna da nasu tsarin, shi ya sa za ka ga gida ɗaya 'yan uwa huɗu duk sunansu ɗaya, kowa da yadda aka gutsure nasa. Kuma ba ranar bakwai suke raɗa suna ba, sai ranar wankan baftisma a coci, wanda kan kai watanni, wani lokacin har shekara, kafin nan jaririya beba kawai ake ce mata, ranar kuma ubangidan baftisma ko uwargidan, nonos ko nona, shi ke faɗin sunan da ƙarfi a gaban jama'a. Jikar ta ce min an gaya mata ranar nata kakar kuka ta riƙa yi don daɗi, domin a wajensu a ji sunanka a bakin jika shi ne alamar ba za ka ɓace ba.

Mu ma muna mayar da sunan iyaye, ni kaina 'yata ta fari sunan yankan Inna gare ta. Amma muna sawa ne mu rufe, saboda alkunya Ummi muke ce mata, ko a makaranta da wuya ka ji an kira na gaskiyar. Sunan rana kuwa ba a gadonsa sam, 'yata ranar Talata ta zo. Kuma ku duba ajin 'ya'yanku na firamare a birni yanzu ku ƙirga min Asabe nawa ne, Lami nawa, Balaraba nawa, Talatu nawa. An mayar da su sunayen ƙauye ko na tsofaffi, kowa na neman sunan da ba a taɓa ji ba. Abin yana damuna gaskiya, don sunaye ne masu daɗi da suka riƙe tarihin ranar da mutum ya shigo duniya, ga wasu can sun riƙe nasu kusan shekara dubu da ɗari takwas suna miƙa wa juna hannu da hannu.

Tsohuwar 'yar asalin Ipiros ce, yankin duwatsu na arewa maso yamma kusa da iyakar Albaniya, ita ta matsa min sai na je na ga wani tsohon gidan ibada mai sunanta. Ƙarshen makon farko na hau bas zuwa Yanina, babban birnin yankin, daga nan na shiga Zagori, yankin ƙauyukan dutse da UNESCO ta sa cikin wuraren tarihi na duniya a 2023. Daga dandalin ƙauyen Monodendri akwai 'yar hanya da aka shimfiɗa da duwatsu, tafiyar minti goma zuwa sha biyar, sai ga ginin manne a bakin kwazazzabon Vikos kamar sheƙar tsuntsu, in ka leƙa ƙasa sai kanka ya juya don tsananin zurfinsa. An gina shi a 1413 zuwa 1414, kuma labarin da ake bayarwa shi ne wani mai mulkin yankin, Mihail Teriyanos, ya gina shi don godiya bayan 'yarsa ta warke daga ciwon da aka fid da rai. Ba kowa a wajen sai ni da wasu Jamusawa biyu da ƙarar ƙudan zuma. Na daɗe zaune a kan katangar ina tunanin uban nan da 'yarsa.

Bikin waliyyiyar ranar 26 ga Yuli yake faɗowa kowace shekara, kuma a 2024 sai ya dace da ranar Juma'a, abin da ya sa tsohuwa ta yi ta murna tun sati guda kafin nan. A Girka ranar suna ta fi ranar haihuwa daraja, musamman wajen manya, duk mai suna Paraskevi ko namijinsa Paraskevas ranar tasa ce, ba sai an gayyace ka ba, kai za ka tuna ka kira ko ka je, kuma mai bikin shi ke ciyar da mutane. Tun Laraba kicin ya kacame, tire-tire na gurasa mai cuku da alayyafo irin ta mutanen Ipiros, da wani zaƙi na ɓawon lemu da ake ba baƙo a cokali tare da ruwan sanyi. Ta sa jikar ta gaya min ba ta sa naman alade ko giya a komai ba saboda ni, ban roƙa ba ita ta yi tunaninta.

Daren Alhamis, wato jajiberen, na raka su dandalin unguwa inda babban cocin yake a bakin titin Mesoyion. Cinkoso kamar kasuwar Sallah, rumfuna sun cika gefen titi, masu gasa masara, masu kayan wasan yara, masu zannuwan gado, masu soya lukumades wanda fanke ne sak sai dai ana kwarara masa zuma da kirfa. Su suka shiga ni na tsaya daga bakin ƙofa. Daga nan ina hango zanen waliyyiyar an kewaye shi da furanni, mutane a layi suna sumbatarsa, a jikinsa kuma an rataye wasu 'yan faranta na azurfa da gwangwani, kowanne bai fi tafin hannun yaro ba, an buga hoton ido a kai. Tamata suke ce musu, wato cika alwashi, wanda ciwon ido ya kama shi ko ɗansa ya yi alkawari, in ya warke ya kawo. Wani dattijo da farin bandeji a ido ɗaya jikansa na riƙe da hannunsa ya wuce ta gabana yana rawar jiki, ya rataya nasa da kansa bai yarda a karɓa masa ba. Can da dare aka fito da zanen aka zaga unguwa da shi da 'yan badujala a gaba.

Sunan bai tsaya a Girka ba, jikar ce ta ƙara min wannan a hanyar komawa. Sabiyawa da Bulgeriyawa suna da wata waliyyiyar daban mai wannan sunan, sun fassara shi zuwa Petka daga kalmarsu ta Juma'a, gawarta tana birnin Yash na Romaniya inda ake taruwa duk 14 ga Oktoba, Rashawa kuma suka mayar da shi Praskovya.

Washegari na yi wanka na sa farar shaddata da hula na sauko, na tarar wayar tsohuwa ba ta huta ba tun asuba, kowa “hroniya pola”, shekaru masu yawa, ita ce gaisuwar ranar. Na yi mata tawa da Girkancina na kwana goma sha, na miƙa mata turaren wuta da na zo da shi daga gida. Ta kalli kayana ta tambaya ina zuwa, na ce masallaci, yau Paraskevi. Ta yi dariya ta ce to ranar tamu ce mu biyu. Layin jirgi ɗaya ne ya ɗauke ni daga tasharmu ya ratsa tsakiyar gari ya sauke ni Eleonas, daga nan 'yar tafiya ce zuwa masallacin Votanikos, wanda gwamnati ta gina aka buɗe a Nuwamban 2020, shi ne masallacin farko na hukuma a Atina tun bayan tafiyar Turkawa a ƙarni na 19. Ba shi da hasumiya, ba a kiran salla a lasifika, kuma bai ɗaukar fiye da 'yan ɗaruruwa, na yi sahu tsakanin wani ɗan Bangaladash da wani Bamisire.

Da yamma gida ya cika, 'ya'ya da jikoki da maƙwabta, masu sunan su uku ne a tsakar gidan. Aka fito da talabijin waje saboda a daren ne ake buɗe gasar Olamfik a Paris, kuma bisa al'ada tawagar Girka ce ke fara wucewa. Da jirgin ruwansu ya bayyana a kogin Sen, ɗan wasan ƙwallon kwando Giannis Antetokounmpo riƙe da tuta tare da Antigoni Drisbioti, sai duk aka juyo ana nuna ni ana Nijeriya, Nijeriya, don sun san iyayensa daga can suka zo. Daga nan hira ta koma kan Vula Patulidu, wadda ita ma Paraskevi ce, da ta ci zinare a tseren mita 100 na tsallake shinge a Basalona a 1992 cikin daƙiƙa 12.64, bayan Ba'amurkiya Gail Devers da ke gaba ta yi tuntuɓe a shingen ƙarshe. Ita ce macen Girka ta farko da ta ci lambar Olamfik, kuma surukin gidan ya tashi tsaye yana kwatanta yadda aka yi kamar jiya aka yi.

Wajen ƙarfe goma tsohuwa ta kamo hannuna ta ce ai akwai mai biki ɗaya da ba a gaisar ba, in kira mata uwata. A gida takwas ta yi, na san an idar da Isha'i. Ta tambayi yadda ake faɗin sunan, na ce bakina ba zai iya ba, na karɓi biro na rubuta a bayan takardar goge hannu, jikar ta karanta mata sau biyu. Na kira ƙanwata ta WhatsApp ta kai wa Inna wayar, tana zaune kan dardumarta da carbi a hannu. Na gaishe ta na yi mata bayani a gurguje, cewa ga wata takwararta a nan tana son gaishe ta. Tsohuwa ta matso da fuskarta dab da waya ta ɗaga murya ta ce “hroniya pola, Dzumai”, don harshensu ba shi da ja.

Inna ta yi shiru. Tun rasuwar yayarta shekara shida da suka wuce ba na jin akwai wanda ya kira ta da sunan nan, kowa Hajiya ko Inna. Sai ta ja mayafi ta rufe baki tana dariya, ta ce da ni, “Kai, ka ce mata na amsa. Ya sunan nata kuma?” Na faɗa mata. Ta gwada a hankali, Faraskebi, ta sake gwadawa, sannan ta ce in tambaye ta jikoki nawa gare ta.